Arashi Ko Ishara: Tarihin Fim ɗin Gwaji da Idon Mai Kallo

Gabatarwa

Harshen Hausa yana da wadatar kalmomi na bayyana haɗuwar abubuwa biyu ba tare da shiri ba. Idan mutum biyu suka iso wuri ɗaya a lokaci ɗaya alhali ba su yi alkawari ba, sai a ce arashi aka yi. Idan haɗuwar ta zo da alheri, sai a ce an yi dace, ko an yi gam-da-katar. In kuwa da sharri ta zo, tsautsayi ke nan. Akwai kuma wata kalma daban, watau ishara, wadda akan yi amfani da ita idan mutum ya ga cewa abin da ya faru yana nuna masa wani abu ne. Mutum biyu na iya shaida al'amari ɗaya, wannan ya ce arashi ne kawai, wancan ya ce ishara ce, kuma babu mai iya kayar da ɗan'uwansa da hujja.

Wannan maƙala za ta bi tarihin wani reshe na sana'ar fim wanda ya mayar da wannan gardama abin aikinsa. Shi ne ake kira fim ɗin gwaji. Galibi gajere ne, mutum ɗaya ko biyu ke yin sa da kuɗi kaɗan, ba don kasuwa ba, kuma ba lalle ne ya ƙunshi labari mai farko da ƙarshe ba. Tambayar da masu yin sa suka yi ta bi fiye da shekara ɗari ita ce: idan abubuwa biyu suka haɗu har muka ga ma'ana, daga ina ma'anar ta fito? A cikin abubuwan take, ko kuwa zuciyar mai kallo ce ta saƙa ta?

Ganyen da Iska ta Kaɗa

Ranar 28 ga Disamba, 1895, 'yan'uwan nan biyu Auguste da Louis Lumière suka nuna gajerun finafinai goma ga masu biyan kuɗi a wani gidan shan shayi a birnin Faris. Babu wanda ya cika minti ɗaya a cikinsu. Ɗaya yana nuna Auguste da matarsa suna ciyar da jaririyarsu a farfajiyar gida. Abin da aka riƙa ba da labari daga baya shi ne, hankalin masu kallo da yawa ya tafi ga ganyayen itatuwa da ke bayan iyalin, waɗanda iska ke kaɗawa. A dandalin wasan kwaikwayo an saba ganin mutane suna motsi a gaban itatuwan zane, waɗanda ba su motsi. Yanzu ga ganye na gaske yana rawa, babu wanda ya umurce shi. Ke nan tun ranar farko kyamara ta nuna halinta: takan kwaso abin da aka nufa da abin da ba a nufa ba.

Georges Méliès, mai wasan rufa-ido wanda ya halarci wannan nuni, ya ba da labarin wani arashi nasa. Ya ce wata rana yana ɗaukar hoton titi a Faris sai kyamararsa ta cije. Kafin ya gyara ta, abin da ke gabanta ya sauya. Da ya wanke hoton ya haska, sai ya ga keken dokin fasinja ya rikiɗe ya zama keken ɗaukar gawa. Lalacewar inji ce kawai, amma ido ya karanta ta a matsayin rikiɗa. Daga irin wannan dabara ta tsayar da kyamara a sauya abin da ke gabanta ya gina finafinansa na al'ajabi.

Ya kamata a lura cewa shi kansa motsin da muke gani a fim ba ya cikin zaren fim. Abin da ke ciki hotuna ne tsayayyu a jere, waɗanda tun zuwan fim mai magana ake haska 24 a kowace daƙiƙa. A 1912 masanin halayyar ɗan Adam Max Wertheimer, a Jamus, ya nuna cewa idan aka haska layi biyu ɗaya bayan ɗaya da tazarar lokaci da ta dace, mutum zai rantse motsi ya gani. Watau mai kallo abokin aiki ne tun daga tushe.

Darasin Kuleshov

Wanda ya fara auna wannan al'amari a fagen fim shi ne Lev Kuleshov, wani saurayi Barashe da aka haifa a 1899. Bayan juyin juya halin 1917 sabon zaren fim ya yi ƙaranci a Rasha, saboda haka shi da ɗalibansa a Mosko suka koma yanka tsofaffin finafinai suna sake haɗa su. Wajen 1920 ya yi gwajin da har yau ake kira da sunansa. Ainihin fim ɗin bai tsira ba, bayanin ɗalibinsa Vsevolod Pudovkin ne ya fi yaɗuwa. An ɗauki hoton fuskar shahararren ɗan wasa Ivan Mozzhukhin, fuska shiru wadda ba ta nuna komai. Aka haɗa ta da kwanon miya, aka sake haɗa ta da mace kwance a akwatin gawa, sannan da yarinya tana wasa. Masu kallo suka yi ta yabon gwanintar ɗan wasan: yadda ya zurfafa tunani a kan miya, yadda ya yi baƙin ciki a gaban gawa, yadda ya yi murmushin ƙauna ga yarinya. Alhali kuwa fuskar ɗaya ce a duka wurare ukun.

Darasin a fili yake. Zuciyar ɗan Adam ba ta iya barin hotuna biyu su zauna kusa da juna ba ta ƙulla zumunci tsakaninsu ba. Hausawa na cewa faɗuwa ta zo daidai da zama. Abin da Kuleshov ya ƙara shi ne, mai almakashi na iya shirya faɗuwar ya kuma shirya zaman, mai kallo ya tafi yana cewa shi ne ya gane. Masu fim na Tarayyar Sobiyet, irin su Sergei Eisenstein, sun ɗauki wannan sana'a ta yanka da haɗi, wadda masu fim na yau ke kira tacewa, suka mayar da ita makamin farfaganda.

Masu Farautar Arashi a Faris

A daidai wannan zamani wasu matasa a Faransa suka bi hanyar da ta saɓa wa ta Mosko. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya sa sun yanke ƙauna daga hankali da tsari, tun da hankali da tsarin ne suka tura miliyoyin samari ramukan yaƙi. Suka ce gara a ba arashi dama. Mawaƙi André Breton ya ba da labarin yadda shi da abokinsa Jacques Vaché, a garin Nant lokacin yaƙin, sukan faɗa gidan silima ba su tambayi sunan fim ba, da zarar sun fara gane labarin ko sun gaji sai su fice su shiga wani gidan. A ƙarshen yini suna da wani fim a ƙwaƙwalwarsu wanda babu wanda ya tsara shi.

A 1923 Man Ray, Ba'amurke mazaunin Faris, ya yi fim na kimanin minti uku wanda yawancinsa bai bi ta kyamara ba. Ya shimfiɗa zaren fim a ɗaki mai duhu, ya barbaɗa masa gishiri da masoro, ya watsa allurai da ƙananan ƙusoshi, sannan ya kunna fitila na ɗan lokaci. Inuwar abubuwan ta zauna a kan zaren yadda suka faɗi. Da ba'a ya raɗa masa suna Le Retour à la raison, watau komawa ga hankali.

Shekara guda bayan haka Breton ya fitar da sanarwar ƙungiyar Suriyalis, masu neman gaskiyar da ke cikin mafarki da ɓoyayyen tunani. A ganinsa akwai wani irin arashi wanda muradin zuciya da al'amuran duniya ke haɗuwa a cikinsa, kamar duniya ce ke amsa wa mutum tambayar da bai furta ba. Mafi shaharar fim ɗin da ya fito daga wannan yanayi shi ne Un Chien Andalou, watau Karen Andalus, na 1929, wanda 'yan ƙasar Sifen biyu, Luis Buñuel da Salvador Dalí, suka yi. Babu kare a cikinsa. Ƙa'idarsu ita ce kada su karɓi kowane hoto da hankali zai iya fassarawa. A farkonsa siririn gajimare ya ratsa wata, nan take sai aska ta ratsa ido. Idon na mataccen ɗan maraƙi ne, amma mai kallo idon matar da ya gani yanzu yake gani. Abin lura shi ne, duk da ƙoƙarinsu na toshe ƙofar ma'ana, masu sharhi sun cika littattafai da fassarar fim ɗin. Sun gudu daga Kuleshov, sun kuma tabbatar da maganarsa.

A Disamba 1936, a Niyok, Joseph Cornell ya nuna fim ɗinsa Rose Hobart. Ya sami kwafin wani fim na kasuwa na 1931, ya yanke yawancin labarin, ya bar wuraren da 'yar wasan mai wannan suna take, ya haska su a hankali ta bayan shuɗin gilashi. Dalí na cikin masu kallo. Ana tsakiyar nuni ya fusata ya ture injin majigin, yana cewa wannan tunaninsa ne wanda bai taɓa faɗa wa kowa ba, Cornell ya sace shi daga cikin kansa. Mai koyar da mutane son arashi, da arashin ya zo kansa sai ya kira shi sata.

Ra'ayin Likitoci

Likitocin ƙwaƙwalwa su ma sun rabu biyu a kan wannan batu. Carl Gustav Jung na Suwizalan ya buga wata doguwar maƙala a 1952, a littafi ɗaya da masanin kimiyyar lissafin halitta Wolfgang Pauli, wanda ya sami kyautar Nobel a 1945. Jung ya ce akwai al'amuran da ke haɗuwa ta hanyar ma'ana ba tare da ɗaya ya haddasa ɗaya ba. Misalinsa da ya fi shahara shi ne na wata majinyaciya da ke ba shi labarin mafarkin da ta yi, an ba ta buzuzun zinariya. Tana cikin magana sai ya ji wani abu na bugun taga. Ya buɗe, sai ga ƙwaro ɗan'uwan buzuzu mai walƙiya kore da ruwan zinariya. Ya kama ya miƙa mata. A cewarsa daga ranar maganin da ya cije ya fara ci.

Shekara shida bayan haka, a 1958, wani likita Bajamushe, Klaus Conrad, ya bayyana yadda masu fama da farkon wata cutar taɓin hankali sukan ga alaƙa da ishara a cikin kowane abu, har lambar mota da tarin maƙwabci su zama saƙo gare su. Abin da Jung ya ɗauka ƙofar waraka, a wurin Conrad alamar ciwo ce idan ta wuce kima.

Tsakanin waɗannan ra'ayoyi akwai wani gwaji da aka yi da fim. A 1944, a Amurka, Fritz Heider da Marianne Simmel suka nuna wa ɗalibai wani ɗan fim wanda babu komai cikinsa sai babbar alwatika da ƙaramar alwatika da da'ira suna kai-da-kawo a gefen wani akwati. Da aka ce su faɗi abin da suka gani, kusan dukansu suka ba da labarin mutane: azzalumi yana korar masoya biyu, ko faɗa a kan mace. Lafiyayyun mutane ne, kuma takardu ne yankakku suka gani. Ke nan neman ma'ana ɗabi'a ce ta kowa, bambancin lafiya da ciwo a wurin kima yake.

Kaza da Gangunan Simiri

Wannan tarihi ya ratso ta Afirka ta Yamma ta hanyoyi biyu. Ta farko ita ce majigin mulkin mallaka. Akwai labarin da ya yaɗu tsakanin ma'aikatansa, wanda Marshall McLuhan ya sake kawowa a littafinsa na 1962. An nuna wa mutanen wani ƙauye fim ɗin duba-gari a kan zubar da ruwan da ke kwance a gwangwanaye. Da aka tambaye su abin da suka gani sai suka ce kaza. Masu fim ɗin ba su san da ita ba sai da suka sake dubawa suka ga ta gilma a gefen hoton na ɗan lokaci. Turawan suka ɗauki wannan hujjar cewa mutanen ba su iya kallon fim ba. Amma idan aka tuna mutanen Faris da ganyensu na 1895, za a ga hali ɗaya ne: a cikin abin da aka tsara duka, ido yakan tafi ga abin da ke da rai na kansa.

Hanya ta biyu ita ce Jean Rouch, Bafaranshe injiniya wanda ya fara zuwa Nijar a 1941, kuma ya taso yana sha'awar 'yan Suriyalis. A tafiyar kwalekwale da ya yi da abokansa biyu a kogin Kwara tsakanin 1946 da 1947, ya rasa mazaunin kyamararsa mai ƙafa uku, tilas ya riƙa ɗaukar hoto da ita a hannu. Tsautsayin ya zama salonsa har ƙarshen rayuwarsa. A fim ɗinsa Les Maîtres fous na 1955, wanda ya ɗauka a wajen birnin Akra tsakanin 'yan ci-rani daga Nijar masu bikin Hauka, ya nuna ana fasa ƙwai a kan gunkin gwamna, sai ya yanka zuwa fararen gashin tsuntsu da ke kan hular gwamnan gaske a wajen fareti. Wannan haɗi irin na Kuleshov ne. Hukumar Ingilishi ta hana nuna fim ɗin a Gwalkwas, watau Gana ta yau, ɗaliban Afirka a Faris kuma suka yi tir da shi don ganin zai ƙara wa masu raina baƙar fata hujja.

A Maris 1971, a ƙauyen Simiri na ƙasar Zarmaganda, aka yi bikin hawan iska na Zabarmawa, mai kama da borin Hausawa, don neman kariyar amfanin gona daga fara. An kwana uku ana kiɗa babu wanda iska ta hau. A rana ta huɗu, da yamma, Rouch ya yanke shawarar ɗaukar hoton tsofaffin gangunan kawai. Ya shiga fili da kyamara a kafaɗa bai tsayar da ita ba na kimanin minti goma. Yana cikin ɗauka sai iska ta hau. Fim ɗin shi ne Tourou et Bitti, sunan gangunan. Rouch ya gaskata cewa shigowar kyamarar na da hannu a abin da ya faru, kuma shi ma ya shiga wani hali mai kama da na masu rawar. Mai shakka zai ce bayan kwana uku dama lokaci ya yi. Fim ɗin bai yanke hukunci ba, domin ba a sa masa almakashi ba. Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairu 2004.

Jirgin Warso da Agogo

Wanda ya kai wannan gwaji cikin dogon fim mai labari shi ne Krzysztof Kieślowski na ƙasar Folan. A 1981 ya gama fim mai suna Przypadek, kalmar da ke nufin arashi a harshensu. Wani ɗalibin likita, Witek, yana gudu don ya riski jirgin ƙasa mai zuwa Warso, kuma an nuna gudun sau uku. A na farko ya kama jirgin, ya haɗu da wani tsohon ɗan gurguzu, ya shiga jam'iyya mai mulki. A na biyu ya yi karo da ma'aikacin tasha, aka kama shi, ya shiga sahun 'yan adawa. A na uku jirgin ya wuce ya bar shi, ya koma karatu, ya yi aure, ya nisanci siyasa, a ƙarshe jirgin saman da ya hau ya tarwatse. Hukuma ta hana fitar da fim ɗin har 1987. Dalilin ba ɓoyayye ba ne: gwamnatin da ke koyar da cewa tarihi yana da tafarki ɗaya tilas ba za ta so a ce daƙiƙa guda a tashar jirgi ce ke raba ɗan jam'iyya da ɗan adawa ba. Duk da haka Witek mutum ɗaya ne mai neman gaskiya a rayuwar uku, watau arashi ya zaɓa masa hanya, halinsa kuwa nasa ne. Wannan tsari ya sake bayyana a 1998 a fim ɗin Lola rennt na Tom Tykwer a Jamus.

A 2010 Christian Marclay ya fitar da The Clock, watau Agogo, mai tsawon sa'a 24. An haɗa shi daga dubban guntayen finafinai waɗanda agogo ya bayyana a cikinsu ko aka ambaci lokaci, kuma ana haska shi daidai da agogon garin da ake nuna shi. Idan hoton ya nuna ƙarfe uku da minti goma, to ƙarfe uku da minti goma ne a hannun mai kallo. Ya sami babbar kyautar baje kolin fasaha na Benis a 2011. Mai kallo ya san sarai cewa guntayen ba su da dangantaka, amma idan wani ya buga waya a fim ɗin wani zamani, wata ta ɗauka a fim ɗin wani zamanin, zuciya sai ta haɗa su.

Kammalawa

Daga abin da ya gabata ana iya cewa fim ɗin gwaji bai warware gardamar arashi da ishara ba, kuma ba shi da ikon warware ta. Ko akwai hikima a bayan haɗuwar al'amura a rayuwa, wannan magana ce da kyamara ba ta kai gare ta. Abin da ya tabbatar ƙarami ne amma mai amfani: zuciyar ɗan Adam takan ga ma'ana a duk inda abubuwa biyu suka jeru, ko hannu ne ya jera su, ko iska ce, ko lalacewar inji.

Wannan sani ya fi zama wajibi a yau, da yake almakashin da a da sai a Mosko ko Faris ake samu yana cikin wayar kowa. Akan ɗauko fuskar shugaba yana dariya a wani biki, a manna ta bayan hoton gawarwaki, jama'a su fusata suna cewa da idonsu suka gani. Gani ya kori ji, haka magabata suka ce, a zamanin da babu mai iya yanka abin da ido ya gani ya sake ɗinke shi. Saboda haka duk wanda hotuna biyu a jere suka tayar masa da hankali, ya dace ya tambayi kansa wane ne ya jera su, da kuma abin da aka yanke daga tsakaninsu.